Tambaya: wai ina mutanen Kuroshiya suke ta tafiya ne haka?

Ɗan_Tsakiya10

Salamu alaikum 'yan zaure. Ina da wata tambaya da ta daɗe tana min yawo a ka, ƙila wani ya ce ba ta da amfani amma dai bari in sauke ta in huta. Ni mutum ne mai son ƙwallo, kuma tun gasar kofin duniya ta 2018 da Kuroshiya ta kai wasan ƙarshe na kamu da son tawagar nan, to shekaranjiya da dare barci ya ƙi zuwa sai na ɗau waya na shiga duba inda aka haifi 'yan wasansu ɗaya bayan ɗaya, wlh abin ya ɗaure min kai. Rakitic a Suwizalan aka haife shi, Kovacic a Linz ta Ostiriya, Luka Sucic ma a Linz ɗin, Stanisic a Ebersberg kusa da Munich, Mario Pasalic a Mainz, Niko Kovac da ya yi musu kyaftin ya zo ya yi musu koci shi da ƙanensa Robert duk a Berlin. Na ce to wai su wa aka haifa a gida kenan hhh.

Daga nan sai na bar ƙwallo na koma kan ƙidaya. A 1991 mutanen ƙasar miliyan 4.78 ne, a 2011 suka koma miliyan 4.28, a 2021 kuma miliyan 3.87. Sannan ofishin gwamnatinsu mai kula da mazauna waje yana ƙiyasin akwai wajen mutum miliyan 3.2 a duniya waɗanda ko dai su suka fita ko iyayensu da kakanninsu. Kusan wata Kuroshiyar ce sukutum a waje.

Abin da ya kasa shiga min kai shi ne, ƙasar nan fa ba yaƙi ake yi a cikinta yanzu ba, tana cikin Tarayyar Turai, yuro take kashewa, duk hoton da ka gani nata teku ne shuɗi shar da tsofaffin ganuwa da masu yawon buɗe ido sun cika ko'ina. To me ake gudu? Yaushe abin ya faro, kuma waɗanda suka tafi ɗin suna dawowa kuwa? Don Allah wanda ya sani ya warware min.

Malam_Na_Tarihi

Wa alaikumus salam ɗan'uwa. Tambayar tana da amfani mana, sai dai ka haɗa mutane iri-iri a buhu ɗaya. Wanda ya fita a 1900 da wanda ya fita a 1945 da na 1970 da na 2016 ba abu ɗaya ya kore su ba, kuma in ka zaunar da jikokinsu a ɗaki ɗaya ba lallai su fahimci juna ba, wani da Sifaniyanci zai yi maka magana wani da Jamusanci.

Na farko ma tun ƙarni na 15 da na 16 ne, lokacin da Daular Usmaniyya, ta Turkawa nake nufi, take hawowa yankin Balkan. Ƙauyuka suka tashi ɗungurungum. Wasu suka zauna a yankin da yanzu ake kira Burgenland a gabashin Ostiriya, har yau jikokinsu suna nan da makarantunsu da allunan gari masu harshe biyu. Wasu suka tsallaka teku zuwa Molise a Italiya, ƙauyuka uku ne suka rage da ake jin harshen, Acquaviva Collecroce da San Felice da Montemitro, kuma irin harshen da suke yi tsohon yayi ne na shekara 500 da suka wuce gauraye da Italiyanci.

Amma babbar fita, wadda ta haifar da yawancin waɗannan miliyoyin da ka karanta, daga wajen 1880 ne zuwa yaƙin duniya na farko. Nan ne labarin yake da daɗi da kuma ban tausayi. Mutanen gaɓar Dalmatiya, wato bakin tekun Kuroshiya, da tsibiranta ƙasarsu dutse ce, ba abin da take bayarwa sosai sai inabi da zaitun da ɗan kifi, to inabin ne kuɗinsu. A 1891 daular Ostiriya da Hangari, wadda ke mulkinsu a lokacin, ta ƙulla yarjejeniyar ciniki da Italiya ta bar giyar inabin Italiya tana shigowa da ɗan haraji kaɗan, kasuwar manoman Dalmatiya ta faɗi warwas. Ba su gama farfaɗowa ba sai ga wani ɗan mitsitsin ƙwaro, filoksera, mai cin saiwar inabi, ya bi gonaki ya ƙarasa abin da ya rage. Ga kuma aikin soja na dole. To mutum yana da 'ya'ya bakwai da gonar da ta zama itacen wuta, me zai zauna yi? Suna da wata magana tasu, trbuhom za kruhom, wato ciki ne ke bin burodi duk inda ya nufa.

Kuma ba kara zube suke tafiya ba, ƙauye ne ke jan ƙauye. Mutum ɗaya ya je ya samu wuri sai ya aiko wa ƙanensa kuɗin jirgin ruwa, ƙanen ya aiko wa surukinsa, shi ya sa za ka ga tsibiri guda ya kwashe ya koma gari guda. Mutanen tsibirin Brac yawancinsu Chile suka nufa, wasu arewa can Antofagasta da Iquique inda ake haƙar gishirin naitiret na takin zamani da albarushi, wasu kuma can ƙuryar kudu Punta Arenas wajen neman zinariya da kiwon tumaki. Gabriel Boric da ya hau mulkin Chile a 2022 yana da shekara 36 ɗan Punta Arenas ne, kakanninsa daga tsibirin Ugljan suka zo. Iyalin Luksic, waɗanda ke cikin manyan attajiran Chile, asalinsu Brac. Mutanen tsibirin Susak kuwa Hoboken ta jihar New Jersey suka tare. Mutanen Vis masunta ne, suka koma San Pedro a Kalifoniya suka ci gaba da su, kamfanin kifin gwangwani na StarKist ma wani mutumin can ne Martin Bogdanovich ya kafa tushensa. Wasu suka je Louisiana kamun kawa. Waɗanda suka fito daga cikin ƙasa, ba bakin teku ba, su ne suka cika masana'antun narka ƙarfe da ramukan kwal na Pennsylvania, kuma a Pittsburgh ne a 1894 suka kafa ƙungiyar taimakon juna wadda ta zama Croatian Fraternal Union, kowa yana zuba ɗan wani abu duk wata saboda in rami ya rufta da mutum ko inji ya cinye masa hannu a samu na jana'iza da na marayu, don kamfani ba ruwansa.

Wanda ya fi burge ni na New Zealand ne. Can haƙar ƙaron itacen kauri suka je yi, a cikin fadama, mutum ya wuni tsamo-tsamo cikin laka yana caka dogon ƙarfe yana laluben ƙaro. 'Yan asalin ƙasar, Maori, suka sa musu suna Tarara saboda yadda maganarsu ke fita da sauri a kunnensu, aka yi ta auratayya tsakaninsu har yau akwai zuri'ar.

Wani abu da ke rikita lissafi, duk waɗannan da takardun Ostiriya suka fita, don haka 'yan Ostiriya aka rubuta su. Da yaƙin 1914 ya ɓarke sai ga shi a ƙasashen da ke ƙarƙashin Ingila ana musu kallon abokan gaba, har aka tsare wasu, alhali daular da ake jingina su da ita ce suka gudo wa. Bayan nan kuma aka koma rubuta su 'yan Yugoslabiya, ƙasar da Kuroshiya ta koma cikinta bayan yaƙin. Shi ya sa adadin nan na miliyan 3.2 ka riƙe shi a matsayin ƙiyasi. Misali su suna lissafa wajen miliyan 1.2 a Amurka, amma waɗanda ke faɗa da bakinsu a ƙidayar Amurka cewa asalinsu Kuroshiya ne wajen 400,000 ne.

Da Amurka ta tsuke ƙofa da dokokin 1921 da 1924 sai aka karkata Ajantina da Kanada da Ostireliya. Na gaji da rubutu, akwai wanda ke zaune a Jamus a zauren nan, shi ya fi ni sanin na baya-bayan nan.

Baƙon_Stuttgart

Malam ai ka kira ni da suna kawai hhh. Allah ya ƙara ilimi. Ni ba tarihi na karanta ba, aikin haɗa wayar wuta nake a wuraren gini, amma shekara tara kenan ina cuɗanya da mutanen nan safe da yamma, a wurin aiki da kuma gidan da nake haya, to bari in faɗi abin da idona ya gani.

Ƙanina mai tambaya, a Jamus kaɗai akwai masu fasfo ɗin Kuroshiya sama da 400,000, ban da waɗanda suka karɓi na Jamus. Kuma kashi biyu ne a bayyane, tsofaffi da sababbi.

Tsofaffin su ne na zamanin Tito, shugaban Yugoslabiya na lokacin. Yugoslabiya ƙasar gurguzu ce amma ta bambanta da sauran, ta buɗe wa mutanenta ƙofa su je yamma su yi aiki su aiko da kuɗi, a 1968 ta sa hannu da Jamus ta Yamma kan ɗaukar ma'aikata, aka yi ta kwasar su a jirgin ƙasa zuwa Munich daga nan a rarraba su masana'antu, har zuwa 1973 da Jamus ta dakatar da ɗauka. Sunan da aka ba su Gastarbeiter, ma'aikata baƙi, wai baƙo raɓa ne gobe zai tafi. Maƙwabcina a bene ɗaya irinsu ne, dattijo ya haura 75, daga wani ƙauye kusa da Imotski ya zo a 1970. Ya ce min shekara biyu ya zo yi, ya tara kuɗin tarakta ya koma. Yau shekara hamsin da ɗoriya. Ranar da ya fara sakin jiki da ni ya kira ni shan kofi ya ɗauko waya yana nuna min gidan da ya gina a ƙauyensu, wlh gida ne hawa uku na dutse, ya ce hawa ɗaya nasa da matarsa, ɗaya na babban ɗansa, ɗaya na 'yarsa, shekara ashirin yana gininsa duk hutun bazara a ɗora wani abu. Na ce Baba to wa ke ciki yanzu? Ya yi dariya ya ce gizo-gizo. Wata goma sha ɗaya tagogi a rufe, sai watan Agusta a je a buɗe a share. 'Ya'yan a nan aka haife su, a nan suke aiki, jikokin kuwa in ya yi musu magana da harshensa da Jamusanci suke amsa masa. Sai ya wuce zuwa wani hoton, kabari ne na marmara mai kyau an rubuta sunansa da shekarar haihuwarsa an bar gurbin ɗaya shekarar. Ya ce wannan gidan dai na tabbata zan shiga. Na rasa abin da zan ce masa sai na kurɓi kofina.

Mutanen Imotski ɗin nan akwai son Marsandi, don a wancan zamani alamar cewa ka je Jamus ka yi nasara ita ce ka shigo ƙauye da ita, har mutum-mutumin Marsandi na dutse suka sassaƙa suka kafa a garin don tunawa da 'yan ci-ranin.

Sababbin kuma daban suke. Kuroshiya ta shiga Tarayyar Turai ran 1 ga Yuli 2013, Ireland ta buɗe musu kasuwar aiki nan take, Jamus ta buɗe gaba ɗaya a 2015, Ostiriya sai 2020. Daga nan ba biza ba izinin aiki, katin shaida kawai da tikitin bas. A 2017 kaɗai hukumar ƙididdigarsu ta rubuta mutum sama da 47,000 sun fita, kuma kowa ya san abin ya fi haka don da yawa ba sa zuwa su ce a cire sunansu a gida. Yankin Slavoniya na gabas shi ya fi jin jiki, ƙasa ce mai albarkar noma amma gundumar Vukovar ta yi asarar kusan kashi ɗaya cikin biyar na mutanenta tsakanin ƙidayar 2011 da ta 2021.

Akwai wanda muke aiki tare, daga wajen Osijek ya zo a 2016, shi da matarsa da yara biyu a bas ɗaya. Ka ga bambancin kenan, Baba shi kaɗai ya zo da akwati ya bar zuciyarsa a can yana aika kuɗi, wannan kuwa ya kwaso komai har da kyanwa, kuma ko bulo ɗaya bai da niyyar ɗorawa a gida. Na tambaye shi irin tambayarka, na ce ƙasarku mai kyau haka. Ya ce teku ba a cin sa, kuma daga garinsu zuwa tekun ma tafiya ce. Ya ce albashi matsala ne amma ba shi ya fi ƙona masa rai ba, abin da ya kore shi shi ne in ba ka da uwa a gindin murhu ba ka samun komai, su veza suke cewa, wato hanya, kuma har suna gare su na mutumin da aka cusa a aikin gwamnati don katin jam'iyya ko dangantaka, uhljeb. Ya ce ya gaji da kwantiragin wata uku-uku da jiran albashin da ba ya zuwa kan lokaci.

In kana son ganin su a tare ka je cocin Katolika da ake musu ibada da harshensu ran Lahadi, ni a waje nake tsayawa in na raka Baba, ana fitowa za ka ga an yi cirko-cirko ana shan taba, nan ake samun aiki nan ake samun ɗakin haya nan ake ba da saƙo a kai gida.

Rafali_Mai_Ritaya

Ku tsaya ku tsaya, an zo fagena. Ɗan_Tsakiya kai da kake son ƙwallo ka manta wasan da ya fi kowane nuna wannan abu? Kofin duniya 2006, Kuroshiya da Ostireliya, kuma a Stuttgart ɗin da yayanmu yake zaune aka buga. Kyaftin ɗin Ostireliya Mark Viduka ne, haifaffen Melbourne, babansa daga Kuroshiya ya zo. Golansu a ranar Zeljko Kalac, ga su Culina da Popovic da Skoko a tawagar duk 'yan gida ɗaya. A ɓangaren Kuroshiya kuma akwai mutum uku da aka haifa a Ostireliya, Simunic da Seric da Didulica. Niko Kovac haifaffen Berlin ya buga wata ƙwallo mai sauƙi ta kuɓuce wa Kalac haifaffen Sydney ta shiga, aka tashi 2 da 2 Ostireliya ta wuce. A wasan ne rafali Graham Poll ya ba Simunic yalo kati har uku kafin ya kore shi, don na biyun ya rubuta shi a gefen mai lamba 3 na Ostireliya, to mutum yana maka Turanci da harshen Ostireliya tsantsa ya ba za ka ruɗe ba hhhh.

Dalilin shi ne kulob-kulob ɗin da baƙin suka kafa bayan yaƙin duniya na biyu, Melbourne Knights da Sydney United da can sunansu Melbourne Croatia da Sydney Croatia, a nan yaran suka taso. A Kanada ma Toronto Metros-Croatia ta ci kofin lig na Arewacin Amurka a 1976 da Eusebio a cikinta. Kai ko Pulisic ɗan wasan Amurka, kakansa a tsibirin Olib aka haife shi, da wannan ya samu fasfo ɗin Kuroshiya ya iya fara wasa a Dortmund yana shekara 16 ba sai ya jira 18 ba.

Mai_Ja_In_Ja

Duk na ji, amma kun tsallake wurin da ke da ƙaya. Malam ka tsaya a 1924, yaya na Stuttgart ya ɗauka daga 1968, to 1945 fa?

Daga 1941 zuwa 1945 'yan Ustasha, masu tsattsauran ra'ayin kishin ƙasa, ne ke mulki a Zagreb babban birnin Kuroshiya da goyon bayan Hitila, sun kashe Sabiyawa da Yahudawa da 'yan ƙabilar Roma (Gypsy) da 'yan adawa, sansanin Jasenovac sananne ne. Da suka faɗi sai sojojinsu da fararen hula masu ɗimbin yawa suka gudu iyakar Ostiriya, a Bleiburg sojojin Ingila suka ƙi karɓar su, dakarun Tito suka kashe dubban mutane ba shari'a. Waɗanda suka tsira suka watsu Ajantina da Ostireliya da Kanada, shugaban nasu Ante Pavelic ma Ajantina ya ɓuya, ya mutu a Madrid a 1959. Ba na ce duk wanda ya fita a lokacin mai laifi ba ne, da yawa gurguzu kawai suka ƙi, amma a wasu kulob ɗin nasu na waje an daskarar da agogo a 1945, shi ya sa har yau ake samun rigimar tuta da taken wancan zamani. Simunic ɗin da Rafali ke ba mu dariya da shi ai FIFA ta dakatar da shi wasa 10 saboda taken da ya ja wa 'yan kallo a Zagreb a 2013, bai je kofin duniya na 2014 ba.

Gwamnatin Yugoslabiya ita ma ba ta bar su ba, 'yan leƙen asirinta sun bi 'yan adawa har waje suna kashewa. An kashe Stjepan Durekovic kusa da Munich a 1983, sai a 2016 wata kotu a Munich ta yanke wa tsofaffin jami'ai biyu ɗaurin rai da rai a kan kisan.

Sannan ni abin da ban yarda da shi ba shi ne zaɓe. Mutum ba ya zaune a ƙasa ba ya biyan haraji a cikinta amma yana da kujera a majalisa. Kujeru uku cikin 151 aka ware musu tun gyaran tsarin mulki na 2010, kuma yawancin masu jefa ƙuri'ar ma Kuroshiyawan Bosniya ne waɗanda ba hijira suka yi ba, garinsu ne can tun kaka da kakanni, kuma galibi jam'iyyar HDZ ke kwashewa.

Malam_Na_Tarihi

Gaskiyarka, ban tsallake don ɓoyewa ba, yatsa ne ya gaji. Amma ka ƙara da ɗaya gefen don adalci. Lokacin yaƙin 1991 na ɓallewar Kuroshiya daga Yugoslabiya, Majalisar Ɗinkin Duniya ta hana sayar wa duk Yugoslabiya makamai, alhali rumbunan soja suna hannun Belgrade, babban birnin Yugoslabiya, mazauna waje ne suka yi ta tara kuɗi suna zanga-zanga a biranen duniya a amince da ƙasar, wasu samarin suka dawo suka ɗau bindiga. Gojko Susak da ya riƙe ma'aikatar tsaro daga 1991 har rasuwarsa a 1998 daga Ottawa ya dawo, inda yake da gidan sayar da fiza. To su a ganinsu sun biya kuɗin kujerun nan tun tuni. Ko ka yarda ko kar ka yarda, daga nan abin ya samo asali.

Ɗan_Tsakiya, gyara ɗaya kan lissafinka. Raguwar nan daga 4.78 zuwa 3.87 ba duka ci-rani ba ne. Ƙidayar 1991 ta haɗa da ma'aikatan da ke waje, na baya ba su haɗa su haka ba. Sannan Sabiyawa sun kai kashi 12 cikin 100 a 1991, yanzu kashi 3 da ɗan wani abu ne, yawancinsu sun fita lokacin yaƙi musamman a Agustan 1995, su kuma ba a cika sa su a lissafin 'yan ƙasa mazauna waje ba. Ga kuma mutuwa da ta fi haihuwa yawa shekara da shekaru.

Ɗan_Tsakiya10

Kai jama'a na gode, Allah ya saka da alheri, na zo neman ɗiba na samu buhu. Labarin Baba mai kabarin marmara ya tsaya min a rai wlh. Saura guda, ba wanda ya ce komai kan dawowa. Gwamnatin tana zaune ne kawai tana kallo?

Ɗaliba_A_Zagreb

Yayana bari in amsa wannan tunda a nan nake karatu shekara ta uku kenan. Ba a zaune take ba, tana ta ƙoƙari, sai dai kamar ɗiban ruwa da kwando ne wani lokacin. Daga 1 ga Janairun 2020 sun sassauta dokar zama ɗan ƙasa, in kakanka ko kakan kakanka ya fita kafin 8 ga Oktoban 1991 kuma kana da takardun da ke nuna silsilar, za ka iya neman fasfo, an cire iyakar zuri'a an cire jarrabawar harshe. A 2022 suka fito da wani shiri mai suna Biram Hrvatsku, wai na zaɓi Kuroshiya, ana ba wanda ya dawo ya buɗe sana'a tallafi har kuna 200,000, kuɗinsu na da kenan kafin su koma yuro a 2023, wajen yuro 27,000. A 2024 har ma'aikata guda suka kafa ta yawan jama'a da masu shigowa. Kuma kuɗin da na waje ke aikowa ba wasa ba ne, wajen kashi 7 cikin 100 na tattalin arzikin ƙasar, a Tarayyar Turai suna sahun gaba a wannan.

Ana dawowa kam, na san waɗanda suka dawo daga Ireland saboda hayar Dublin ta fi ƙarfinsu, amma suna zuwa suka tarar hayar Zagreb da Split ita ma ta yi tashin gwauron zabi, a bakin teku kuma masu gida sun fi son ba ɗan yawon buɗe ido na kwana uku da su ba ka na shekara.

Waɗanda suka fi ba ni sha'awa 'yan Kudancin Amurka ne. Da na zo sai da na yi ajin koyon harshe a jami'a, kusan rabin ajinmu daga Ajantina da Chile da Peru da Boliviya suke, gwamnati ke ba su tallafin karatu. Wadda muke zama benci ɗaya daga Rosario ta Ajantina ta zo, sunan gidansu irin mai ƙarewa da ich ɗin nan ne, an rubuta shi yadda ma'aikacin tashar jirgin ruwa ya ji shi shekara ɗari da suka wuce, amma kalmomin da ta gada duka ba su fi biyar ba, sunan wani abinci da kalmar kaka da zagi guda biyu. Na raka ta tsibirin Brac neman takardar baftismar kakan babanta, wani tsohon limamin coci ya fito mana da littafi mai bangon fata yana bin layi da yatsa har ya tsaya kan sunan, ta fashe da kuka ni ma na taya ta ban san dalili ba. Muka tambayi gidan aka nuna mana, ba rufi, itacen ɓaure ya fito ta tsakar ɗaki, kuma wai magada sun fi talatin a ƙasa huɗu don haka ba mai iya sayarwa ba mai iya gyarawa. Irin gidajen nan suna da yawa a tsibiran. Bayan shekara biyu fasfo ɗinta ya fito, ta yi wata huɗu tana aiki a wani otal, yanzu tana Valencia ta Sifen, ta ce can ko ba komai in ta yi mafarki da farkawa harshe ɗaya ne.

Su kuma guraben da aka bari wasu ke cikewa. A 2024 an ba baƙi izinin zama da aiki sama da 200,000, daga Bosniya da Sabiya da Nepal da Indiya da Filifin. In ka yi odar abinci a Zagreb yau da wuya wanda zai kawo maka a keke bai zama ɗan Nepal ba, matar da nake haya a gidanta tana ta mita a kan haka, ɗanta ɗaya tilo kuma yana Cork ta Ireland yana tuƙa motar kai kaya.

Baƙon_Stuttgart

Ƙanwata kin tuna min, na nuna wa Baba wannan hirar jiya na fassara masa wajen gidan da ɓaure ya fito a ɗaki, ya ce in tambaye ki wane ƙauye ne a Brac, wai yana da abokin aiki na da can daga Pucisca. Jibi Juma'a zai kama hanya, ɗansa ne zai tuƙa shi bana don idon ya fara rauni, ni aka bar wa makullin akwatin wasiƙa da ban ruwan tumatirinsa na baranda har ƙarshen Agusta.